Yadda za ka tsara gini mai haske a duniyar ƙage

Marubuta da masu zane da yawa suna son saka hasumiya ko kogo mai haske da kansa a duniyar da suka ƙirƙira, su ce wasu halittu ne suka gina shi. Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne a bar hasken a jikin dutse ko laka, kamar fenti. A wurin halitta mai rai, haske aiki ne da ke cin abinci. Akwai sinadarin da ake kira lusiferin, akwai lusiferes mai zuga shi, sai iskar oksijin. In ɗaya ya yanke, duhu ne. Saboda haka kafin ka zana ginin, ka san wane mai rai ne ke cikin bangon, me yake ci, kuma me yake samu da hasken.

Duba tsutsar kogon Waitomo a ƙasar Niyu Zilan. Takan saƙa wa kanta ɗan bututu na siliki a rufin kogo, ta sako zaruruwa da za su iya kaiwa 70, wasu tsawonsu santimita 30 zuwa 40, kowanne jere da ɗigon yauƙi kamar tsakiya a zare. Hasken shuɗi ne mai ratsin kore, daga wutsiyarta yake fita, zaren kuwa ɗaukar ƙyallin kawai yake yi. Ƙwaro ya taso daga ruwan ƙasa ya nufi hasken, ya maƙale, ta janyo zaren ta cinye shi. Wadda yunwa ta fi damu ita ta fi haske. Wannan kaɗai ya isa ya ba ka labari: kogon da ya yi haske fiye da kima, mazaunansa yunwa suke ji, kuma wanda ya san dawa ba zai shiga ba. Raunin wannan tarko iska ce. Tana kaɗawa zaruruwan su cukurkuɗe, shi ya sa irin tsutsotsin da ke zama a kurmi suke yin gajeren zare. In ka rataya irin wannan labule a kan tsauni mai guguwa, ka yi kuskure tun daga tushe.

Misali na biyu ya fi amfani ga mai son gini tsayayye. A gandun dajin Emas na Barazil, suri kan cika da ɗigon haske kore a farkon damina. Gara ce ta yi ginin, amma masu hasken tsutsotsin wani buzuzu ne da ke zaune a ƙananan ramuka a fatar surin, suna jiran gara masu fiffike su zo su kama. Ke nan magini daban, mai fitila daban, kuma mai fitilar maƙiyin maginin ne. A ganina wannan tsari ya fi kowanne daɗin rubutu, domin rikici yana cikin bangon tun kafin jaruminka ya iso.

To, a ce halittunka su ne ke noma hasken da gangan. Akwai garar da ke noman fumfuna a cikin gidanta, akwai kuma laimar kwaɗi mai haske kore da ke tsira a ruɓaɓɓen itace. Haɗa biyun. Bangon waje ya zama laka mai kauri don riƙe danshi. Daga ciki a yi shimfiɗar tattaunannen itace inda fumfunar za ta yaɗu. Sai ƙofofin iska, na ƙasa masu shigo da ita, na sama masu fitarwa. Dole kuma a sami ma'aikata masu kwashe tsohon itace su zuba sabo, don in abincin ya ƙare hasken zai riƙa ja da baya, ɗaki bayan ɗaki. Daga nan hanyoyin lalacewa a fili suke. Abokan gaba su toshe ƙofofin iska, hasumiyar ta dushe cikin dare ɗaya. Fari ya busar da bango, sama ta fara mutuwa kafin ƙasa. Ɓarawo ya ɓalli guntu ya gudu da shi, ya yi masa haske muddin yana da danshi, yana bushewa ya koma tarkacen itace.

Ka kiyaye da ƙarfin hasken. Irin wannan haske ba shi da zafi, ba a jin ɗumi a gefensa, kuma rauni gare shi. Idon mutum yana bukatar minti 20 zuwa 30 a duhu kafin ya saba sosai. Wanda ya shigo da wutar jiniya a hannu ba zai ga komai ba sai bango baƙi. Sai ya kashe ta, ya zauna ya jira, sannan ɗigon farko ya bayyana can sama, na biyu ya biyo, har rufin ya cika. Launi ma ba a zaɓarsa da ka: a cikin teku shuɗi ya fi yawa domin shi ya fi tafiya nesa a ruwa, a tudu kuwa kore da rawaya suka fi. In kana son ja, ka tanadi dalili, misali halittun su kaɗai ke iya ganinsa, suna farauta da shi ba tare da abin farautar ya farga ba, kamar yadda wasu kifayen ƙarƙashin teku suke yi.