Daren da −2 ta ba ni kunya

Alhamis, bayan sallar isha'i

Yau ma ba wuta tun la'asar, don haka a tsakar gida muka shimfiɗa tabarma, Auta ta jingina fitilar waya a jikin kofin silba. JAMB ta matso, kuma aljabra ce ke hana ta barci.

Ta miƙo mini littafinta tana murmushi. Tambayar ita ce 2(x − 3) = x + 4, ta samu 7, har ta ja layi biyu a ƙarƙashi. Ban ce mata komai ba, sai na ce ta ɗauki bakwai ɗin ta mayar duk inda x take. Ta yi tsaki, wai ɓata lokaci ne. Da ta yi, hagu ya ba ta 8, dama ya ba ta 11. Shiru. Ta bi layukan da bakin biro har ta kama ɓarawon da kanta: wajen buɗe baka ta ninka x da 2, ta bar 3 yadda take. Da ta gyara, 10 ta fito, kowane ɓangare 14.

"Yaya, ashe ba sai na jira malam ya duba mini ba?"

Na ce mata ai ko goro aka aike ta saya, tana ƙirga canji kafin ta bar gaban mai tebur.

Baba yana kishingiɗe da rediyonsa, ya jiyo muna ta aljabra aljabra. Ya ce kalmar Larabci ce, al-jabr, kuma har ɗorin karaya da ita ake faɗa. Gaskiyarsa. Daga sunan littafin da Al-Khawarizmi ya rubuta a Bagadaza wajen shekarar 820 ta samo asali. Auta ta ce to ita kam ƙashinta lissafin yake karyawa.

Sai kuma ranar wanka ta zo mini. Ta ciro wata daga tsofaffin tambayoyi: √(x + 6) = x. Na karɓi biro da ƙwarin gwiwa, na ninka kowane ɓangare da kansa don alamar nan ta √ (mai neman lambar da aka ninka da kanta) ta fita, na samu x² − x − 6 = 0. Amsa 3 ko −2. Na ajiye biro zan miƙe.

"Yaya, ba ka mayar ba."

Na zauna. Uku ta shiga lafiya, √9 dai 3 ce. Amma −2 ta ba ni √4, wato 2, alhali a dama −2 ce zaune. Abin da ya fi ci mini rai, ban yi kuskure a layi ko ɗaya ba. Ninka ɓangarorin da na yi shi ya buɗe wa baƙuwa ƙofa, tunda 2 da −2 duk 4 suke bayarwa in an ninka su da kansu. Ko sau goma zan bi aikin nan daga sama, ba zan gan ta ba sai na koma da ita cikin tambayar asali.

Na nuna mata cewa a ɗakin jarrabawa, da yake zaɓi huɗu ake bayarwa, in hanya ta ɓace mata tana iya gwada su ɗaya bayan ɗaya. Ba na so ta mai da shi ɗabi'a dai, tambaya 40 ba ta jiran mai lalube.

Har yanzu ina jiyo ta a ɗakin Umma tana ba da labarin −2, kuma da alama ta ƙara gishiri.