Abin da Tsukamoto Ya Koya Mini a Teburin Tace Fim

A shekarata ta biyu ta koyon tace fim, ƙorafi ya zame mini jiki. Duk aikin da aka kawo sai na ce kyamara ba ta da kyau, haske bai isa ba, furodusa ya matse hannu. Ran nan maigidana ya gaji, ya miƙo mini fulash ya ce, "Kai yaro, je ka kalli wannan, gobe ka zo ka gaya mini da me aka yi shi."

Tetsuo: The Iron Man ne, fim ɗin 1989 na Shinya Tsukamoto, ɗan Tokyo da aka haifa a 1960. Minti 67 ne, baƙi da fari, labarin wani ma'aikacin ofis da jikinsa ke rikiɗewa ƙarfe. Ba fim ne na kallo da iyali ba, akwai wuraren da ni kaina na kau da kai. Amma wani wuri ya riƙe ni: mutum yana sheƙa gudu a kan titi kamar iska ta ɗauke shi, ƙafafunsa ko motsi ba sa yi. Na ɗora shi a kwamfuta, na riƙa danna maɓalli ina bin hotunan ɗaya bayan ɗaya. Ashe ba wata na'ura a ciki. A ɗauki hoto guda, jarumi ya gusa kaɗan, a sake ɗauka. Hoto 24 ke cika daƙiƙa ɗaya, ka ga daƙiƙa goma na nufin an tsaya an gusa sau ɗari biyu da wani abu. Ƙarfen da ke tsirowa a fuskar jarumin fim ɗin, Tomorowo Taguchi, kuwa tarkacen kayan lantarki ne aka liƙa masa.

Daga nan na shiga bin tarihin Tsukamoto. Yana ɗan shekara 14 ya fara ɗaukar fim da ƙaramar kyamarar mahaifinsa, ya yi aiki a kamfanin tallace-tallace, ya ajiye. Wata 18 aka yi ana ɗaukar Tetsuo, galibi a gidan Kei Fujiwara, wadda ta fito a ciki kuma ta riƙe kyamara. Tsukamoto ne ya rubuta, ya ba da umarni, ya tace, ya kuma fito. Fim ɗin ya ci babbar kyauta a wani bikin finafinai a Rum.

Ba komai nake yaba masa ba. Yawancin ma'aikatansa sun watse kafin a gama saboda wahala, kuma duk wanda ya taɓa kwana yana aiki ba a sallame shi ba ya san wannan ba abin alfahari ba ne.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne fim ɗinsa Nobi na 2014, labarin sojan Japan da yunwa ta rutsa da shi a Filifin ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Shekaru ya yi yana neman mai zuba kuɗi bai samu ba. Da ya ga waɗanda suka ga yaƙin da idonsu suna ƙarewa, sai ya tara 'yan sa kai, ya hau matsayin jarumi da kansa. Kuma wannan mutumin, da fim ɗinsa Kotoko ya ci kyauta a bikin finafinai na Benis ta Italiya a 2011, shi ne ya je gwajin 'yan wasa don samun gurbi a fim ɗin Silence na shahararren darakta Martin Scorsese, inda aka ɗaure shi a kan gungume igiyar ruwa tana dukansa.

Bayan sati biyu aka kawo mini wata fitowa ta dare da ta yi duhu, fuskar jarumar da ƙyar ake ganinta. Da can da na mayar. Wannan karon na bar duhun yadda yake, na gajarta yankan, na ɗaga sautin numfashinta da ƙarar ƙyauren da iska ke kaɗawa. Maigidana ya kalla sau biyu, ya ce in ci gaba da fitowa ta gaba.