Fiffike ɗaya, mu biyar

Daren da muka kashe dodon End, duniyar ƙarshe a wasan Minecraft, ba mu yi ihu ba, don ƙarfe 11 ta wuce kuma tagar Alhaji maƙwabcinmu tana kallon fadarmu. Sai dai muka riƙa bugun kafaɗar juna a hankali kamar ɓarayin da suka yi sa'a. Wani dogon rubutu ya fara gangarowa a fuskar salula, Turanci zalla, babu mai haƙurin karanta shi cikinmu. Tela ya ajiye tasa bisa tabarma, ya karɓi shayi na uku, ya ce, "To, shi ke nan? Wata bakwai muna wahala, ladan ke nan, karatun Turanci?"

Mu biyar ne masu buga Minecraft, wasan haƙa da gini da tubali a salula, a fadarmu ta unguwar Zariya a Maradi: ni, da ƙanena da muke kira Auta, da Tela, da Mushe mai koyar da ƴan firamare, da wani abokinmu mai gyaran salula a bakin babbar kasuwa, wanda kowa ke kira Mai-gyara. Wasan na wani kamfanin ƙasar Suwidin ne, Mojang, ya fito cikakke a 2011, Microsoft kuma ta saye shi a 2014 kan dala biliyan 2.5, dalar Amurka fa, ba tamu ta sefa 5 ba. Abin da ya sa ya karɓe mu shi ne ba ya cin kuɗin intanet in kuna wuri ɗaya. Ni nake buɗe duniyar a salulata, in kunna musu wifi, su shigo. Daga bayan isha'i har lokacin da gawayin shayi ya mutu.

Farkon wasan kowa ya san inda aka dosa. Dare zai yi, a gina ɗaki. Yunwa za ta zo, a shuka alkama. Daga itace sai dutse, daga dutse sai ƙarfe, sai daimon, sai a shiga Nether, wadda muka raɗa wa Gidan Wuta, a haɗo idanun da za su cika gurbi 12 na ƙofar End. Tsoro ne ke haɗa kan mutane a lokacin. Wanda ya samu gurasa biyu zai ba ka ɗaya ba tare da ka roƙa ba, domin ya san gobe kai za ka ɗauko masa kayansa inda ya mutu. Da dodon ya faɗi sai wasan ya yi shiru, bai ƙara ce mana ga abin da za ku yi ba. Ashe tsugune ba ta ƙare ba.

Abu na farko da muka sa a gaba shi ne fiffike, wanda wasan ke kira elytra. Bayan mutuwar dodon wata ƴar ƙofa tana buɗewa a sama, ka jefa ƙwallon da ake samu a jikin Dogo, baƙin nan mai dogayen hannuwa, ta cikinta, sai ka tsinci kanka a tsibiran da ke nesa da tsakiya da kamar tubali 1000. Tsakanin tsibiri da tsibiri babu ƙasa, babu ruwa, babu komai. Wanda ya zame ya tafi ke nan da duk abin da ke jikinsa, ba wurin da za a je a tsinto. Haka muka riƙa shimfiɗa gada tubali ɗaya ɗaya, kowa a duƙe, babban yatsa na zufa bisa gilashi. Birnin farko da muka samu ba shi da jirgi, kuma fiffiken a cikin jirgi yake rataye. Na biyu ma haka. Sai a dare na uku muka hango jirgi yana lilo a gefen wata hasumiya.

Jirgi ɗaya fiffike ɗaya ne. Muna can muna fama da akwatunan nan masu harbi, waɗanda in sun same ka sai ka riƙa tashi sama kamar leda a iskar bazara, Auta ya zagaya ta baya ya cire shi daga bango ya sa a bayansa. Yaron da tun da aka fara bai taɓa haƙo ƙarfe ɗaya ya zuba a akwatin kowa ba. Yaron da ya taɓa kwanciya a gado cikin Gidan Wuta bayan an gaya masa sau uku cewa gado fashewa yake a can.

Mai-gyara ya ce, "Auta, ciro shi." Auta ya ce ai wanda ya riga shi ya samu. Mushe ya gyara zama, ya fara da "a ƙa'ida", muka san za a daɗe. Ni kuma ina tsakiya, ga ƙane ga abokai. Na ce, "Kai, ba Tela, shi ne mai gini, shi ya fi buƙatar hawa sama." Ya ce, "Yaya, ko a gida haka kake mini." Ya kashe salularsa ya tashi, fiffiken ya tafi tare da shi, tunda abin da ke jikin mutum ba ya fita sai ya dawo cikin wasan.

Kwana biyu ina tunanin abin a shago. Abin da ya faɗo mini shi ne gonar kakanmu a wani ƙauye kusa da Tibiri, inda ake tura mu da damina muna yara. Akwai gandu, na gida duka, da safe kowa can yake, hatsinsa rumbun maigida yake shiga. Akwai kuma gamana, ƴar gonar da aka yanka wa mutum, ya noma ta da marece ko ranar da aka ware masa, abin da ya samu nasa ne, ko ya sayar ya sayi keke. Tsofaffin nan sun san in aka ce komai na kowa ne, rago zai ci da gumin mai ƙwazo, in kuma aka ce kowa tasa ta fisshe shi, gida ya watse. Na kawo maganar a fada. Muka yanke cewa daren Alhamis da na Asabar gandu ne, duk abin da aka samo na rumbu ne, sauran darare kuwa gamana, kowa ya yi abin da ya ga dama. Fiffiken a aikin gandu aka samo shi, don haka na rumbu ne, aro ake yi a mayar. Auta ya mayar da shi bayan ya karce shi saura kaɗan ya daina tashi, sai da muka ƙi barci dare uku a cikin wasan, jemagun da ke bin marasa barci suka fito, muka samu fatarsu muka gyara shi.

Aikin gandu na biyu shi ne fitilar da wasan ke kira beacon, kuma a nan ne na tabka tawa. Ba a yin ta sai da tauraron da ke fita daga jikin Wither, Mai-kai-uku a bakinmu. Shi kuma ba samunsa ake ba, haɗa shi ake da hannu: tubali 4 na yashin Gidan Wuta, da ƙoƙon kai 3 na baƙaƙen ƙwarangwal. Ƙoƙon nan kashi 2.5 cikin 100 yake faɗowa, wato ka kashe 40 kafin ka sa ran ɗaya, in takobinka ba shi da sihirin ƙara ganima. Mai-gyara ya ɗauki wannan a kansa. Mako uku yana zuwa fada, ya gaisa, ya shige Gidan Wuta, ba ka ƙara jin bakinsa sai tsaki.

Ranar da kawunan suka cika na ce a haɗa shi a bayan gari. Mushe ya ce a nisa dai, cikin rami mai zurfi. Na ce ai na ga yadda ake yi a YouTube, minti biyu ne. Abin da ban lura ba shi ne masu bidiyon a kwamfuta suke bugawa, inda ransa 300 ne. Na salula, a mataki mai wuya da muke kai, 600 ne, kuma in ya kai rabi sai ya kira ƙwarangwal su taya shi, ya riƙa ruga da gudu yana rusa duk abin da ya tare masa hanya. Mutum kuwa ransa 20.

A gefen da ya nufa gidan Tela yake. Sai na faɗi yadda gidan nan yake kafin a gane. Tun sabuntawar 2022 wasan ya kawo laka, kuma in ka cuɗa ta da alkama sai ta zama ƙasar gini, kamar dai yadda magina ke cuɗa ƙasa da ciyawa a nan. Tela da ya gano haka ya bar dutse gaba ɗaya. Ya gina zaure mai ƙofa biyu ba sa kallon juna, ya yi soro, ya fitar da zanko a kowace kusurwa, ya yi rumbu a tsakar gida bisa duwatsu, har da indararo na katako. Wata biyu yana yi, dare bayan dare, bayan ya tashi daga keken ɗinki idonsa na yaji. Cikin abin da bai kai minti ɗaya ba Mai-kai-uku ya mayar da wurin kamar kududdufin da aka ɗebi ƙasa. Mun kashe shi daga baya, bayan kowa ya mutu sau biyu ko uku. Tela bai ce komai ba. Ya juya kofinsa bisa faranti, ya ce sai da safe. Kwana huɗu bai zo ba, sai da na je shagonsa da tsire na jika ɗaya na ce, "Malam, ni na yi, ka yi haƙuri." Ya ce, "Alkama 300 za ka noma mini." Na noma.

Tauraro a hannu, sai aka ce fitilar ba ta kai ƙarfinta sai an ɗora ta bisa dakali mai hawa huɗu: tubali 81 a ƙasa, sai 49, sai 25, sai 9, jimla 164, kowanne kuma curin ƙarfe 9 ne. Mushe ya buga lissafin a ƙasa da tsinke, 1476. Babu mai haƙo wannan da hannu. Sai gonar ƙarfe: ka tara ƴan ƙauye aƙalla 10 da gadaje 20, ƙaton ƙarfen da ke tsaronsu ya riƙa fitowa, ruwa ya tura shi cikin wuta, ƙarfensa ya zuba a akwati. Mushe ya ce shi fa wannan bauta ce, a kulle mutane a ɗaki ana cin guminsu. Ya faɗi haka ne sanye da sulken da ya saya wajen ɗaya daga cikinsu.

Gonar ba ta aiki sai da mutum tsaye kusa da ita, wato salulata ta kwana a kunne. A watan Afrilu ne, zafin Maradi ya haura 40, ga kuran ana ɗaukewa ana kawowa. Salular ta riƙa zafi kamar dutsen guga. Na jiƙa tsumma na shimfiɗa a murfin randar Inna, na ɗora ta a kai. Da asuba Inna ta zo ɗiban ruwan alwala ta tarar da ita, ta ce ita ba ta taɓa ganin wayar da ake wa jinyar zazzaɓi ba. Da fitilar ta kama, haske ya miƙe har sama, muka ga tana sa haƙa ya yi sauri, amma iyakarta tubali 50 kewaye. Auta ya taka ya ƙirga.

Wurin da ya fi ba ni tsoro kuwa tsohon birnin da ke can ƙarƙashin ƙasa ne, gidan Warden. Makaho muke ce masa, don ba ya gani, motsi yake ji da ƙamshi. Ransa 500, bugu biyu ya gama da mai sulke, in ka hau sama kuma ya aiko maka da wata ƙara da ke ratsa bango. Ba a zuwa don a kashe shi, abin da yake bari bai kai wahalar ba. Akwatunan birnin ake zuwa sata, a duƙe, ana shimfiɗa ulu a ƙasa don ya shanye sawu. Abin dariyar shi ne wasan ba ya jin muryarmu ta gaske, amma duk da haka fadar sai ta yi tsit. Yaron da ke dafa mana shayi ma ya tsayar da buta a sama ya fasa tsiyayawa. Wani ɗan kabu-kabu ya danna oda a bakin titi, Tela ya zabura har salula ta faɗi a cinyarsa. Daga can muka samo ɓaraguzan da ake haɗa kamfas mai nuna inda mutum ya mutu na ƙarshe. Ba a yi gardama ba, Auta aka ba.

Amma duk waɗannan dodanni ba su ne suka rage mu ba. Duniyar a salulata take zaune, in ba ni babu wasa. Na tafi Damagaram biki kwana biyar, na dawo na tarar ana fushi da ni kamar na tafi da makullin rijiya. Akwai hanyar biya duk wata a ajiye duniyar a intanet kowa ya shiga lokacin da yake so, amma sai da katin banki, ga kuɗin intanet na mutum biyar, ga rezo da ke zuwa yana tafiya. Muka haƙura. Abin da muke yi dai duk Juma'a bayan masallaci Mai-gyara yana kwafe ta a kwamfutar shagonsa, tun ranar da batir ya mutu ana tsakiyar ajiya zuciyata ta kusa fita.

Sannan rayuwa ta shigo. Sallah na matsowa Tela ya ɓace cikin shadda, ba a ganinsa sai ƙarfe biyun dare. Damina ta faɗi, Baba ya tura Auta gona ta gaske, inda ba a girbi cikin minti 20. Da aka koma lakwal a Oktoba aka mayar da Mushe wani ƙauye ta wajen Dakoro. Yanzu yawanci mu biyu ne, ni da Mai-gyara, muna haƙa hanya a Gidan Wuta, inda taku ɗaya yake daidai da takwas na waje, don mu haɗa gari da wani teku da Mushe ya gano kafin ya tafi. Muna da fiffike uku a rumbu yanzu, biyu suna rataye babu mai ara.

Gidan Mushe yana nan a rufe kusa da fitila. Ranar da zai tafi ya zaunar da karensa a bakin ƙofa, kuma a wasan nan mai kare ne kaɗai ke iya ce masa tashi. Duk wanda ya wuce sai ya juyo da kai ya bi shi da kallo. Shekaranjiya Mushe ya hau tudu ya samu rezo ya kira ni, muka gaisa, ya tambayi Inna, ya tambayi kasuwa, ya ce hutun Disamba yana tafe in Allah ya so. Har zai kashe sai ya ce, "Af, karena fa?" Na ce yana nan inda ka bar shi. Ya ce a gina masa rumfa, kada Auta ya zo da wuta kusa da wurin.