Tsarabar Rasha: jirgin ruwan da ke tashi a kan fukafukai

Ɗan yayata ne ya kammala karatun likita a birnin San Fitasbag na ƙasar Rasha, mahaifinsa kuwa ciwon ƙafa ya hana shi doguwar tafiya, sai dangi suka ce ni zan je in wakilce su. Sana'ata sayar da injin ban ruwa da gyaransa ce a Ƙofar Ruwa, kuma in ka cire Makka da Legas ban san ko'ina ba. Ga shi Allah ya dawo da ni Kano lafiya, duk wanda ya zo yi mini barka da zuwa sai ya tambayi ƙanƙara. A watan Yuni na je, ban ga ƙanƙara ba. Abin da ya tsaya mini a rai wani jirgin ruwa ne.

Daga Kano muka bi ta Adis Ababa zuwa Mosko, wannan barci ne da ciwon baya kawai. Inda labari ya fara shi ne gaban wani jami'in shige da fice. Ya karɓi fasfona, ya dube ni, ya dubi hoto, ya ɗauko wani ɗan gilashi yana bin shafi ɗaya bayan ɗaya kamar mai neman ɓatacciyar allura. Sai ya nuna mini benci da haɓa. Ko kalma ɗaya bai furta ba. Na zauna har ƙafata ta yi sanyi, sannan wata mata ta miƙo mini fasfon ta taga, ita ma babu sannu balle yi haƙuri. Namu na gida za su iya tsare ka, amma aƙalla za a ce maka "Alhaji ina gajiya" kafin a shiga maganar. Daga baya na gane ɗaure fuskar nan ba ni kaɗai ake yi wa ba, haka suke har a tsakaninsu. Mai shago ba ya yi maka murmushi, direba ba ya gaishe ka, amma kuma canjinka ba zai yi ciwon kai ba.

Katin banki na waje ba ya aiki a can tun 2022, don haka dala na ɗauka a hannu. Nan ma na sha mamaki. Takardar da ta ɗan lanƙwashe ko aka taɓa ta da biro, sai mai canji ya turo maka ita baya. A Wapa da tuni an daidaita, a rage maka ɗan wani abu a wuce wajen.

Likita, haka muke kiran ɗan yayar tawa yanzu, yana haya ne a gidan wani dattijo da matarsa. Da dare ya yi, in ma za a kira shi dare tunda sai bayan ƙarfe goma ake magariba kuma sama ba ta yin baƙi sosai, suka kira mu cin abinci. Matar ta je har wajen mahautan Musulmi ta sayo naman rago saboda ni, ga kifi, ga baƙin burodi mai tsami, ga shayi kofi bayan kofi. Da dattijon ya ji sana'ata sai ya kamo hannuna ya juya tafin, ya ga kanta da tabon sifana, ya nuna mini nasa. Ashe shekarunsa na aiki duk a ɗakin injin jiragen ruwa ya yi su. Ya yi magana mai tsawo, Likita ya ce, "Kawu, cewa ya yi gobe shi zai kai ka Fitahof, kuma ba a mota ba." Fitahof wani gari ne a bakin teku kusa da birnin, mai fadar tsofaffin sarakuna da lambu. Na nemi in biya kuɗin tikiti, ya ɓata rai har sai da na mayar da hannu aljihu. Tikitin kuwa ba arha ba, ya ninka kuɗin motar haya ninkin ba ninkin.

A bakin kogin Neba, kusa da tsohuwar fadar sarakunansu, muka tarar da jirgin. Sunansa Meteor. Dogo ne siriri, tsawonsa ya kusa mita 35, jikinsa na alminiyam, hancinsa a zagaye da gilasai, yana ɗaukar mutum kusan 120. A tsaye dai ba ka ganin wani abin a zo a gani, ya nutse cikin ruwa kamar kowane jirgi. Dattijon bai bar mu mun zauna a gaba inda masu yawon buɗe ido ke rububi ba, ya ja mu can baya, wani ɗan fili a buɗe kusa da ɗakin inji inda hayaƙin gas ke dukan hanci.

Muka fita a hankali, muka wuce ƙarƙashin gadoji, inji yana gurnani ƙasa-ƙasa. Da muka sami sarari sai direba ya ba shi wuta. Ƙarar ta cika kunne, ƙarfen da na dafa ya riƙa karkarwa har cikin haƙorana, bayan jirgin ya danna ƙasa, ruwa ya taru fari fat yana tafasa a bayanmu. Ni da na saba da inji na san wannan kukan, kukan injin da aka ɗora wa kaya har wuya ne. Can sai hancin ya ɗaga, sannan bayan ya biyo, duka jirgin ya miƙe sama. Dukan da ruwa ke yi wa cikinsa ya ɗauke ɗif. Na leƙa ta gefe, sai ga haske tsakanin cikin jirgin da fuskar ruwa, wasu ƙafafun ƙarfe kawai ke yanka ruwan suna fesa shi gefe. Abin da ya fi ba ni mamaki, direban ya ɗan sassauta wuta, kukan injin ya yi laushi, gudun kuwa bai ragu ba. Muna tafiya wajen kilomita 65 a awa.

Dattijon ya ciro biro ya zana mini a bayan tikiti, Likita yana fassara da ihu saboda ƙara. Jirgin ruwa na yau da kullum, in ji shi, ƙarfinsa a wuri biyu yake ƙarewa: gogayyar ruwa da jikinsa, da kuma igiyar ruwan da yake turawa gaba da kansa. Kana ƙara gudu waɗannan suna hauhawa fiye da yadda gudun ke ƙaruwa, har ka kai inda ko ka ninka mai abin da za ka samu kaɗan ne. Dabarar ita ce a fitar da gangar jikin daga ruwan gaba ɗaya. A ƙarƙashin jirgin akwai fukafukai biyu na ƙarfen da ba ya tsatsa, ɗaya gaba ɗaya baya, masu siffar fiffiken jirgin sama. Da yake ruwa ya fi iska nauyi wajen sau 800, ɗan fiffike ƙarami ya isa ya ɗaga tan da yawa.

Sai ya zana tudu. Ya ce wahalar duk tana nan, kafin a tashi. A lokacin injin yana jan gangar jiki, yana jan fukafukai da ƙafafunsu, duk a cikin ruwa. Dole a sa injin da zai iya haye wannan tudun da cikakken lodi, ko da yake bayan an haye ba a buƙatar duk ƙarfin. Na tuna masu kurar ruwa na unguwarmu: tayar da kura mai jarka goma sha biyu shi ne aiki, in ta fara mirginawa ko yaro ya tura. Shi ya sa Meteor ke ɗauke da injin gas biyu masu silinda goma sha biyu-biyu, kowanne ƙarfinsa wajen doki dubu, irin waɗanda masana'antar Zvezda ta nan birnin ta riƙa ƙerawa. Shi ya sa kuma jirgin ba ya son tsaye-tsaye. Duk tsayawa sai an sake hawan tudu, a sake ƙona mai. Ribarsa a doguwar tafiya miƙaƙƙiya take.

Na tambaye shi abin da ke cina: in jirgi ya tashi sama, yaya farfela ke kaiwa ga ruwa? Ya yi dariya ya buga kafaɗata. Ya ce wannan ce matsalar da duk maƙeran jiragen nan suka yi ta kokawa da ita. A Meteor dogon shaf ne ke fitowa daga inji a karkace, ya gangara ƙasa har ƙarƙashin ruwa. Yana da sauƙin gyara, amma farfelar da ke karkace ba duk ƙarfinta ke tura jirgi gaba ba, kuma shaf ɗin kansa yana jan ruwa. Kamfanin Boeing na Amurka, a jirginsa Jetfoil na 1974, ya bi wata hanya: injin tabain irin na jirgin sama ke juya babban famfo, a zuƙo ruwa ta cikin ƙafar baya, a feso shi da ƙarfi. Babu farfela a waje. Yana wuce kilomita 80 a awa, har yanzu ana hawansa zuwa tsibiran Japan, sai dai shan mansa ba na talaka ba ne. Nan na ce masa to ai wannan ɗan gidanmu ne, injin ban ruwa ne aka ɗaura wa kujeru.

Da na tambayi me ya hana a ƙara gudu, sai ya ɗiga ƙananan ɗigo a saman fiffiken da ya zana. Tun kafin Likita ya fassara na gane. Idan matsin ruwa ya yi ƙasa sosai a bayan ƙarfe mai gudu, ruwan yakan yi kumfa kamar ya tafasa alhali da sanyinsa, kumfar ta fashe a jikin ƙarfen ta riƙa cinsa. Manoman Kadawa da Kura sun sha kawo mini injin da aka kafa nesa da ruwa, tiyon zuƙa ya yi tsawo, yana ƙara kamar an zuba masa tsakuwa, in ka buɗe ka tarar da impela, wato fankar cikin famfon, duk ramuka. Ciwon ɗaya ne. A fiffike yana kashe ɗagawar, a farfela yana cinye ƙarfe, kuma shi ne ya sa jiragen fasinja irin waɗannan ba sa nisa da kilomita 80 zuwa 90 a awa.

Mutumin da ya ƙera Meteor, Rostislav Alekseyev, dattijon yana ambatonsa kamar wani kakansa. A garin Gorki na bakin kogin Bolga ya fitar da na farko, Raketa, a 1957, Meteor ya biyo baya. Ba shi ya fara tunanin ba, wani ɗan Italiya, Enrico Forlanini, ya gwada nasa a tafkin Majore tun 1906, kuma Alexander Graham Bell mai wayar tarho ya yi gudun kilomita 114 a awa da nasa a Kanada a 1919. Hikimar Alekseyev ita ce ya ajiye fiffiken dab da fuskar ruwa. In ya taso sama da yawa ƙarfin ɗagawarsa sai ya ragu ya koma, in ya nutse ƙarfin ya ƙaru ya taso. Jirgin yana daidaita kansa babu kwamfuta. Aibinsa, ba ya jure babbar igiya, ranar da iska ta yi ƙarfi soke tafiyar ake yi. Likita ya nuna mana a waya wani sabo na kamfanin Candela da ya fara ɗaukar fasinja a Sitokhom ta Suwidin a ƙarshen 2024, mai batir, injinsa na lantarki a cikin ruwa yake manne da fiffike, babu dogon shaf, kwamfuta ke juya fukafukan. Kamfanin ya ce yana rage cin makamashi da kusan kashi 80 cikin ɗari. Dattijon ya taɓe baki ya ce mutum talatin kawai yake ɗauka.

Cikin kamar minti arba'in muka iso. Direba ya sauke wuta, jirgin ya zauna cikin ruwa da nauyi, muka koma tafiyar kunkuru.

A ƙofar lambun Fitahof baƙo kuɗinsa daban, ɗan ƙasa nasa daban, kuma na baƙon ya fi tsada nesa ba kusa ba. Raina ya sosu, amma da na tuna yadda ake yanka wa Bature farashi a Kurmi sai na yi shiru. Lambun kuwa ya ci kuɗinsa. Maɓuɓɓugan ruwa sun fi ɗari, babbar tana harba ruwa sama wajen mita 20, kuma babu famfo ko ɗaya. Tun zamanin sarkinsu Bitrus Babba, shekara ɗari uku da suka wuce, aka janyo ruwan daga tuddai ta magudanai, gangara kawai ke aikin. Na tsaya ina kallon abin da zai kashe mini kasuwa.

A hanyar dawowa Likita ya ce, "Kawu, da za a kawo irin wannan Tiga ko Kainji fa?" Na ce masa a'a. Jirgin da in ya tsaya fukafukansa ke nutsewa fiye da mita biyu, ina zai raɓa a gaɓar da yara ke wanka? Ga kututturan itace a ƙarƙashin ruwa, ga komar masunta, ga kainuwa. Kututture ɗaya a wannan gudun ya isa. Sannan wa zai ba ka kayan gyara? Mu da har yanzu ba mu manta da yaran da kwalekwale ya kife da su a Ɓagwai a 2021 ba, rigar kariya da hana lodin wuce kima muke nema tukuna.

Bikin yaye ɗaliban ya yi kyau, gajere ne, babu mawaƙa babu maroƙa. Mun yi Juma'a a babban masallacin birnin mai shuɗiyar ƙubba, wanda aka buɗe a 1913, cike da Tatar da Uzbek. Jirgin ƙasa ya mayar da mu Mosko cikin awa huɗu. Tsaraba ba ta sayuwa, sai cakulan da 'yan huluna na jikoki. A Adis Ababa muka yi dogon zama, jakar Likita ɗaya ta maƙale a hanya, sai jiya aka kira mu muka je muka karɓo.