Ranar da na goge package-lock.json

Ni da wani abokin aikina muna gina wata manhaja da JavaScript, kowa yana kan reshensa a Git, tsarin da ke adana sauye-sauyen aikinmu. Da muka zo haɗe aikin, fayil guda ya ƙi haɗuwa: package-lock.json, fayil ɗin kulle da ke riƙe takamaiman sigar kowane laburare (wato lambar manhaja da wasu suka rubuta) da muke amfani da shi. Layukansa sun kai dubbai, kuma ban taɓa ɗaukarsa abin da mutum zai zauna ya karanta ba. Sai na goge shi tare da babban fayil ɗin node_modules inda laburaren ke zama, na buga npm install, umarnin da ke sa npm, mai sauko da laburare, ya sake shigar da su, sabo ya fito, manhajar ta tashi, na tura. Washegari da safe shafin da ke nuna ranakun biyan kuɗi ya koma baya da kwana ɗaya, alhali babu wanda ya taɓa wannan ɓangaren tun watanni.

Mun shafe rabin yini muna zargin abin da muka rubuta da hannunmu. Ashe matsalar tana cikin wani ɗan ƙaramin laburare da ko sunansa ba mu taɓa sawa a package.json ba, fayil ɗin da muke jera laburaren da muke buƙata. Wani laburaren da muke amfani da shi ne ya jawo shi, kuma ya rubuta buƙatarsa kamar haka: ^2.3.1. Wannan 'yar alamar da ke gaban lambar tana nufin a kawo kowace siga daga 2.3.1 zuwa sama, muddin ba ta kai 3.0.0 ba. Tsohon fayil ɗin kulle ya riƙe mu a kan 2.3.1. Da na goge shi, npm ya koma ya duba abin da ke akwai a ranar, ya ɗauko 2.4.0.

A ƙa'idar lambar siga da Tom Preston-Werner, ɗaya daga cikin waɗanda suka kafa GitHub, ya tsara, lambar farko ce kaɗai ake canzawa idan sauyi zai karya aikin masu amfani. Ta tsakiya ta ƙarin sabon abu ce, ta ƙarshe ta gyaran kuskure. Amma mutum ne ke yanke wannan hukunci, kuma mai laburaren ba ya ganin yadda kowa ke amfani da kayansa. Abin da ya ɗauka ƙari ne marar illa, a wurinmu ya zama ɓarna. Ba na ganin laifinsa.

Daga nan ne na shiga neman sanin abin da ke faruwa a 'yan daƙiƙun da umarnin shigarwa ke aiki. Ka ɗauka kana buƙatar laburare A da laburare B, dukansu kuma sun dogara da C, sai dai A na son siga ta 1, B kuma ta 2. npm yana da mafita mai sauƙi: ya ajiye kwafi biyu na C, kowa da nasa a cikin node_modules, shi ya sa wannan babban fayil ɗin ke kumbura haka. Python ba ta da wannan damar, domin siga ɗaya tak ke zama a muhalli guda. Shekaru da yawa pip, mai shigar da laburare na Python, kan ɗauki ta farko da ya ci karo da ita, ko da ta saɓa wa buƙatar wani. Sai a siga ta 20.3, ƙarshen 2020, aka sa masa sabon mai warwarewa wanda ke ja da baya ya gwada wata hanya idan ya cije. Duk wanda ya taɓa zama yana kallon pip na sauke sigogin ƙunshi ɗaya, wato laburare ɗaya, ɗaya bayan ɗaya, to wannan ja da bayan yake gani.

Aikin ba ƙarami ba ne. An tabbatar cewa matsalar tana cikin rukunin da masana lissafin kwamfuta ke kira NP-complete, wato ba a san wata hanya mai sauri da ke warware ta a kowane hali ba. Shi ya sa masu tsarin Linux na openSUSE suka gina libsolv, wanda ke mayar da buƙatun zuwa tambayoyin i ko a'a, kuma DNF, mai shigar da manhajoji a tsarin Linux na Fedora, da shi yake aiki. A 2018 Natalie Weizenbaum ta fito da PubGrub don harshen Dart, kuma abin da ya fi burge ni a ciki shi ne idan ya gaza, yana faɗa maka dalili dalla-dalla: wane ne ke son me, kuma ina suka yi karo. A wannan shekarar dai Russ Cox ya ɗora harshen Go a kan wata hanya dabam: kowa ya faɗi mafi ƙarancin sigar da yake buƙata, a ɗauki mafi girma a cikin waɗannan, ba tare da leƙa sabuwar da ta fito jiya ba. Da irin wannan tsarin muke kai, 2.4.0 ba za ta shigo mana ba sai wani ya nema.

To duk wannan lissafin, a ina ake rubuta sakamakonsa? A fayil ɗin da na goge. Yarn, wani takwaran npm, ya zo da yarn.lock a 2016, npm ya biyo baya da nasa a siga ta 5 a 2017, harshen Rust na da Cargo.lock. Da na buɗe package-lock.json na karanta a nutse, sai na ga kowane ƙunshi yana da takamaiman sigarsa, da adireshin da aka sauko da shi, da wani dogon zanen yatsa na sha512 da ke tabbatar da cewa abin da ka sauke yau shi ne abin da abokinka ya sauke bara.

Yanzu idan fayil ɗin kulle ya ƙi haɗuwa, package.json nake fara gyarawa da hannu, sannan in buga npm install --package-lock-only, ya daidaita rikicin ba tare da ya watsar da tsoffin zaɓuɓɓuka ba. A sabar kuma npm ci kawai muke amfani da shi, domin yana tsayawa cak idan fayilolin biyu ba su yi daidai ba. Kafin in tura, ina buɗe bambancin in bi layukan da lambar siga ta canza. A makon jiya na ƙara laburare ɗaya, na ga wasu bakwai sun motsa tare da shi, sai na dakata na karanta bayanin sauyin kowannensu kafin na danna.