Daga Tashar Wrocław Zuwa Kabarin Cybulski

A watan Janairu na bi sawun Zbigniew Cybulski, shahararren ɗan wasan fim na Poland, a kudancin ƙasar, lokacin da duhu ke rufewa tun ƙarfe huɗu na yamma. Duk mai son yin wannan tafiya a hunturu ya fita da sassafe, domin hasken yini a watan Janairu bai wuce awa takwas zuwa tara ba.

Na fara da babbar tashar jirgin ƙasa ta Wrocław. Allon tunawa da shi yana dandamali na 3, kuma a daɓen ƙasa aka kafa shi, shi ya sa baƙi da yawa ke ta duban bango har su wuce. Wani abin da ke rikita mutane: a tashoshin Poland lambar dandamali daban, lambar layin dogo daban. Ka nemi inda aka rubuta "peron 3". Darakta Andrzej Wajda ne ya buɗe allon a 1997, shekara 30 bayan rasuwar ɗan wasan.

A nan ne, da asubahin 8 ga Janairu 1967, Cybulski ya yi ƙoƙarin ɗarewa jirgin Warsaw bayan ya riga ya motsa. Ya zame, ya faɗa tsakanin dandamali da tarago, ya cika a asibiti yana da shekara 39. Taragun wancan zamani da hannu ake buɗe ƙofarsu, kuma matakalarsu a waje take, don haka mai gaggawa na iya kama ƙarfe ya yi tsalle. Jiragen yanzu ƙofofinsu na kullewa kafin su tashi.

Abin da ke damuna shi ne yawancin masu zuwa a nan suke tsayawa, kamar mutuwar ce duk tarihinsa. Aikinsa yana ƙetaren kogin Odra. Na hau taragon lantarki zuwa babban zauren taro na Hala Stulecia, wanda a gefensa, a titin Wystawowa, tsohuwar masana'antar fina-finai ta birnin take. A cikinta aka yi aikin "Popiół i diament", wato Toka da Lu'ulu'u, fim ɗin Wajda na 1958, inda ya fito a matsayin Maciek, matashin mayaƙin ɓoye da aka umarta ya kashe wani jami'in kwaminisanci a ranar da yaƙin duniya na biyu ya ƙare a Turai. Labarin na 1945 ne, amma Cybulski ya shiga gaban kyamara da baƙin tabarau da suturar samarin zamaninsa, Wajda kuma ya ƙyale shi. A ganina wannan ne ya sa matasan Poland suka ga kansu a jikinsa. Kuma ba daga sama ya faɗo ba: ya gama makarantar wasan kwaikwayo ta Kraków a 1953, ya yi aiki a gidan wasan Wybrzeże na Gdańsk, inda shi da ɗan wasa Bogumił Kobiela suka kafa ƙungiyar wasan ɗalibai ta Bim-Bom a 1954.

Washegari na kama jirgin PKP Intercity zuwa Katowice, tafiyar awa biyu da ɗoriya. Ka sayi tikiti tun da wuri, ka duba lambar tarago da ta kujera kafin jirgin ya iso. Daga tashar Katowice da ƙafa na tafi maƙabartar titin Sienkiewicza, kudu da layin dogo, inda aka binne shi. A nan ya kwanta, nesa da Kniaże, ƙauyen da aka haife shi a 1927, wanda yanzu yake cikin Ukraine. Hanyoyin maƙabartar kan yi santsi saboda ƙanƙara, sai da takalmi mai riƙe ƙasa, kuma ba a barin ziyarar sai yamma, don sunayen da ke jikin duwatsun ba sa karantuwa idan duhu ya fara.