Abin da tafkin Mikołajki ya koya mini game da aikin awo

Mikołajki ƙaramin gari ne a arewa maso gabashin Polan, cikin yankin tafkunan Mazuri, kuma mutanensa ba su kai dubu huɗu ba. Yana zaune ne daidai inda tafkin Tałty ya tsuke ya zama siririn wuya kafin ya buɗe cikin tafkin Mikołajskie, wanda shi kuma yake kai mutum Śniardwy, tafki mafi girma a ƙasar, mai faɗin murabba'in kilomita kusan 114. Duk jirgin ruwan da ya taso daga garin Giżycko ko Ryn ya nufi kudu, tilas ya ratsa ƙarƙashin gadojin garin. Can aka tura mu koyon aiki lokacin da nake karatun kimiyyar ruwa da kifi a Olsztyn.

Aikin ba shi da wani armashi a ido. A shiga kwale-kwale, a je wuri ɗaya da aka saba zuwa, a jefa anga. Akwai wani farin faifai da ake ɗaura wa igiya a saukar da shi a hankali har ya ɓace wa gani, sai a rubuta zurfin da ya ɓace. Daga nan a auna zafin ruwa da iskar oksijin da ke cikinsa, mita bayan mita har ƙasa, a cika kwalabe, a liƙa musu takarda mai kwanan wata. Mako na zagayowa a maimaita.

A wannan maimaicin na fahimci yadda tafki yake rayuwa. Lokacin zafi ruwan sama yakan ɗumama ya yi sauƙi, na ƙasa ya zauna da sanyinsa da nauyinsa, su ƙi cakuɗuwa. Takin gonaki da dattin gari suna ciyar da gansakuka a sama, in ta mutu ta nutse ta ruɓe a ƙasa ta cinye iskar da ke can. Zuwa ƙarshen Agusta, a tafkin da zurfinsa ya kai wajen mita 26, sai ka ga allurar na'ura tana sauka har ta kusa sifili, alhali a sama yara na ninƙaya cikin ruwa mai kyan gani. Sai kaka ta shigo, sama ta huce, iska ta juya tafkin gaba ɗaya, sannan ƙasa ta sake numfashi.

Ma'aikacin da ke tuƙa mu, dattijo ne mai ƙarancin magana, ba ya yarda a cike gurbi da ƙiyasi. In iska ta hana fita, a rubuta ba a fita ba, a bar layin fayau. Dalilinsa shi ne, lambar yau ba ta da daraja sai an jera ta da ta bara da ta shekara talatin baya. Akwai tashar binciken halittun ruwa a garin tun farkon shekarun 1950, kuma saboda haƙurin waɗanda suka riƙa rubuta irin waɗannan lambobi ne ake iya cewa tafkin ya lalace ko ya farfaɗo. Lambar ƙarya guda tana gurɓata aikin mutanen da ba ka taɓa gani ba.

Tarihin garin ne ya sa wannan darasi ya zauna mini daram. Sunansa ya fara bayyana a rubuce a 1444, zamanin mulkin mayaƙan Teuton, wata ƙungiyar mayaƙan Kirista Jamusawa, waɗanda suka ci ƙasar tsoffin ƙabilun Prusiya da yaƙi. Manoma da masunta daga Mazobiya, wani yanki na Polan, suka riƙa ƙaura zuwa nan da harshensu na Polan. A 1525 ƙasar ta koma ɗarikar Luther, sai aka samu wata al'umma ta daban, Mazurawa: a gida suna magana da wani karin harshen Polan, a coci Furotesta ne, sarkinsu kuma na Prusiya. Sarki Friedrich Wilhelm na Ɗaya ya ba garin matsayin birni a 1726, Jamusawa suna kiransa Nikolaiken. Da aka yi ƙuri'ar raba gardama ranar 11 ga Yuli 1920, mutanen yankin suka zaɓi zama a Jamus maimakon Polan da gagarumin rinjaye. A Janairun 1945 sojojin Tarayyar Sobiyet suka iso, bayan Yaƙin Duniya na Biyu yankin ya koma hannun Polan. Mazurawan da suka rage suka tsinci kansu tsaka mai wuya, sababbin maƙwabta na yi musu kallon Jamusawa. Kaɗan-kaɗan suka riƙa tattara nasu-ya-nasu suna tafiya Jamus, har cikin shekarun 1970. Cocinsu da aka gama ginawa a 1842 tana nan bakin ruwa, da ɗan gidan tarihi a gefe mai ajiye tsoffin littattafan addu'a, amma yawancin mutanen garin yau Katolika ne, jikokin waɗanda suka zo daga baya.

Abin ya taɓa ni ƙwarai, domin ba gidaje kaɗai suka bari ba. Śniardwy tafki ne marar zurfi sosai, cike da duwatsu a ɓoye. Sanin inda dutse yake, inda kifi ke zuba ƙwai, inda ƙanƙara ke yin rauni a hunturu, duk a cikin kawunan masunta yake, uba ya ba ɗa, kuma da shi suka tafi. Abin da aka rubuta ya tsira, ko da yake shi ma sai an sha wuya: tsohuwar taswira za ta ce Spirdingsee, sabuwa ta ce Śniardwy, Lötzen ya zama Giżycko, Sensburg ya zama Mrągowo, sai ka zauna ka daidaita su kafin ka san wane ruwa ake nufi. Tun daga lokacin nake rubuta bayanan aikina yadda baƙon da bai san ni ba, bai san sunayen da muke kiran wurare da su ba, zai iya karantawa ya koma daidai inda na tsaya.

Tambarin garin kifi ne mai kambi a ka. Labari ya ce sarkin kifaye ne da ya addabi masunta yana yaga musu taru, har suka kama shi suka ɗaure da sarƙa a gindin gada, kuma a lokacin zafi za ka ga gunkinsa yana lilo a kan ruwa. Kifin sunansa sielawa, ɗan siriri mai sheƙin azurfa, ana yin bandarsa a sayar wa baƙi da ɗuminsa. Ruwan sanyi mai wadatar iska yake so, wato daidai abin da awonmu ke nuna yana ƙaranci a ƙasan tafki. Shi ya sa a tafkuna da yawa sai an ƙyanƙyashe 'ya'yansa a zuba.

A Yuli da Agusta garin kan cika maƙil, jirage masu tafiya da iska sun yi sahu a bakin ruwa, ba masaka tsinke. Da yawa daga matuƙan haya suka ɗauka, ba su san ruwan ba. Ranar 21 ga Agusta 2007 wata guguwa ta faɗo tafkunan Mazuri farat ɗaya, ta kifar da jirage masu yawa, mutum 12 suka rasu. Bayan haka aka kafa dogayen turaku a bakin tafkunan masu fitila ruwan ɗorawa: walƙiya 40 a minti ɗaya gargaɗi ne, 90 kuwa a nemi tudu maza. Dattijonmu ba ya jiran ta kai 90. Da ta fara walƙiya zai ce a ɗago anga, ko da saura mita biyar a gama awo, a rubuta a littafi inda aka tsaya da dalilin tsayawar.